Ƙanwa, 'Ya, Mace Guda: Yadda Aka Tarjama Nana Asma'u

Malaman zaure suna da wata kalma guda da suke sa ta aiki biyu. In almajiri ya ce ya karanta tarjamar wani malami, abin da yake nufi shi ne ya karanta taƙaitaccen labarin rayuwarsa: sunansa da nasabarsa, malaman da ya durƙusa a gabansu, littattafan da ya wallafa, da shekarar da Allah ya karɓi ransa. In kuma ya ce ya sayi tarjamar Alƙur'ani ta Shaihu Abubakar Mahmud Gumi, to fassara yake nufi. Larabci ne ya ɗaure ma'anonin nan biyu a turke ɗaya, kuma daga wannan tushe aka samo sunan tarjumani, wanda mu muke ce wa tafinta. Hausar boko ta zo ta raba su, ta ce wa ɗaya fassara, ta ce wa ɗaya tarihin rayuwa. Rabuwar ta sauƙaƙa zance, amma ta binne wata hikima da magabata suka hango, cewa duk mai rubuta rayuwar wani tafinta ne. Yana tsaye tsakanin mamaci da ba shi da bakin gyara masa kuskure da masu sauraro da ba su taɓa ganin mamacin ba, kuma duk kalmar da ya zaɓa, da ita za a riƙa sanin mutumin shekara da shekaru. Saboda haka mudun da ya dace a auna tarihin marubuci da shi, shi ne wanda ake auna tafinta da shi. Shin ya isar da saƙon yadda mai shi zai amince da a ce yana raye? Shin kuma ya bar ƙofa a buɗe ga wanda yake son ya koma ga asali ya ji da kunnensa?

Babu inda tambayoyin nan suka fi nauyi a ƙasar Hausa kamar a kan Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo. An haife ta a Degel a 1793, tana 'yar kimanin shekara goma aka yi hijira zuwa Gudu a 1804, ta auri Giɗaɗo ɗan Laima wanda ya zama wazirin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, ta kuma shafe fiye da shekara arba'in tana rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa. Ƙarfinta ya kawo ne daidai lokacin da Bello ya kafa ribaɗi a Wurno a gefen gulbin Rima, ya mai da garin mazauninsa har ya rasu a can a 1837, inda kabarinsa yake har yau. Mutanen wannan yanki ba su taɓa mantawa da ita ba: mata suna rera waƙoƙinta, ana sa wa 'ya'ya sunanta, ana ziyartar makwancinta a Hubbare kusa da na mahaifinta. Amma a littattafan tarihin jihadi da aka buga da Ingilishi, har da manya irin na Murray Last na 1967 da na Mervyn Hiskett na 1973, maza ne suka cika fage, ita kuwa sai dai a gifta ta gefenta. Wadda ta sauya wannan ita ce Jean Boyd, Baturiyar Ingila da ta zo Arewa aikin koyarwa a 1955, ta zauna kusan shekara talatin, mafi yawansu a ƙasar Sakkwato. A 1989 ta fitar da tarihin Asma'u a Landan da sunan The Caliph's Sister. Daga baya ta haɗa hannu da Beverly Mack, Ba'amurkiyar da ta yi nazarin waƙoƙin matan Kano, suka fitar da tarin ayyukan Asma'u a 1997, sannan One Woman's Jihad a 2000, sai kuma wani littafi a kan gadonta na ilimin mata a 2013.

Ya kamata a tsaya a dubi abin da Boyd ta tarar kafin ta kama alƙalami. A lokacin, ayyukan Asma'u suna ajiye ne a gidan Waziri Junaidu, jinin Giɗaɗo, cikin gafaka ta fata irin wadda malamai suke adana littattafai a ciki. Wanda ya san irin wannan ajiya ya san ba ɗinkakken littafi ake nufi ba. Takardu ne sake-sake, rubutun tawada da alƙalamin kara, babu lambar shafi, sai kalma guda da mai kwafi kan ɗiga a gindin takarda don ta nuna wadda za ta buɗe ta gaba. In hannun gaggawa ya hargitsa su, sai mai haƙuri ya bi kalmomin nan ɗaya bayan ɗaya ya mai da kowace takarda gurbinta. A ƙarshen waƙa kuma akan sami ramzi, 'yan haruffa da aka harhaɗa kamar kalma, kowane harafi da adadinsa, in an tara su sai su ba da shekarar hijira da aka kammala waƙar. Da irin wannan ramzi aka iya jera waƙoƙin bisa shekaru, kuma jerin nan shi ne ƙashin bayan tarihin da Boyd ta rubuta: ga abin da Asma'u ta tsara a shekarar da Bello ya rasu, ga abin da ta tsara da tsufa ya kama ta, 'yan'uwa da aminai suna ta tafiya ɗaya bayan ɗaya. Ko shekarar rasuwarta ma sai da aka tarjama ta. Bangon littafin 1989 ya ce 1865, na 1997 ya ce 1864, kuma duk mai lissafin kalanda ya san shekara guda ta hijira takan taka ƙafa ɗaya a wannan shekarar miladiyya, ɗaya a waccan. In har lamba tana iya zamewa a hannun tafinta, ina ga kalma?

Lambar yabon da wannan dogon aiki ya samu ta faɗa ne kan littafin 1997, wanda Ƙungiyar Nazarin Afirka ta Amurka ta ba kyautarta ta matani da fassara. A ganina alƙalan sun auna daidai, ko da yake ɗan littafin 1989 ya fi saurin shiga rai. Tarin ayyukan ya haura shafi ɗari bakwai, ya ƙunshi ayyuka kimanin sittin, kowanne da bayanin lokacin da aka yi shi da dalilinsa, har ya zama tarihin rayuwa ne a cikin rigar fassara. Abin da ya fi muhimmanci shi ne an buga matanin asali tare da Ingilishin, ta yadda Bafulatani ko Bahaushe ko mai Larabci zai iya ɗora yatsa kan baiti ya ce nan an yi daidai, nan an kauce. Tafinta na ƙwarai shi ne wanda ya yarda a kama shi. Wanda ya rubuta tarihin marubuci ya kuma ɓoye rubutun marubucin, ya nemi a gaskata shi ne ido rufe, wanda kuwa ya ajiye asali kusa da fassara ya miƙa wa masu sukarsa sandar da za su doke shi da ita, kuma wannan ita ce amana. Sai dai bangon littafi ba ya ɗaukar ayyuka sittin, kalma biyu ko uku yake ɗauka, kuma su ne suke yawo a duniya fiye da abin da yake ciki. In aka jera bangayen nan uku, za a ga an kira mace ɗaya da suna uku cikin shekara goma sha ɗaya: ƙanwa a 1989, 'ya a 1997, mace guda a 2000.

A suna na farko, Ingilishi ya ce sister ya wuce, domin ba ya bambance ya da ƙanwa. Hausa kuwa ba ta yarda a wuce ba a faɗa ba: an haifi Bello a 1781, ya girme ta da shekara goma sha biyu, don haka ƙanwar Sarkin Musulmi ce. Hausa tana ƙara tambayar ko ɗaki ɗaya suke, amsa kuwa ita ce a'a, uba ɗaya suke, uwa kowa da tasa. Harshen da ya ciro kalmar 'yan'ubanci daga wannan dangantaka don ya nuna gaba da hassada, shi ne ya fi cancantar ya yi mamakin amincin da ya kasance tsakanin mutanen nan biyu, inda yayan yake rubuta littafi ya miƙa wa ƙanwar ta mai da shi waƙa. Mai karatun zamani yana iya jin zafin sunan, ya ce mace mai ayyuka sittin ba ta bukatar a jingina ta ga namiji kafin a san ta. Ƙorafin yana da ƙafa, amma ya manta da ƙasar da ake magana a kanta. A Gobir, wadda jihadi ya rusa birninta na Alƙalawa a 1808, akwai sarautar Inna, mace daga gidan sarauta, sau da yawa 'yar'uwar sarki, wadda take shugabantar mata da al'amuran bori, sarautar da har yau ba ta mutu ba a Tsibiri kusa da Maraɗi. A kunnen matan gulbin Rima na wancan zamani, 'yar'uwar sarki matsayi ne sananne mai iko da mabiya. Boyd ta lura da wannan kama, ta kuma nuna yadda Asma'u ta cika gurbin da Inna ta bari a zukatan mata da wani abu dabam. Ashe sunan da ya yi kama da ragi a Landan, a Wurno yana nuni ne ga kujera.

Suna na biyu, 'yar Shehu, shi ne wanda mutanenta suke kiranta da shi, kuma da shi ta san kanta. A duniyar da ta tashi, ambaton uba irin wannan silsila ce ta ilimi, kamar yadda mai ruwaito hadisi yake faɗin daga wa ya ji. Shehu da kansa, a cikin Nurul Albab, ya soki malaman da suke koyar da almajiran waje suna barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, kuma gidansa ya zama shaidar maganarsa, domin ban da Asma'u, 'yan'uwanta irin su Hadiza da Maryam su ma malamai ne masu rubutu. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Waƙar Tabbat Haƙiƙa ta isa misali kan yadda rubutu yake tafiya a wannan gida: Shehu ya tsara ta da Fulatanci, Asma'u ta mai da ita Hausa, ƙaninta Isa ya yi mata tahamisi. Wa za a ce shi ne mai waƙar? Salon tarihin marubuta da ya zo daga Turai yana neman mutum ɗaya mai basira ta kansa, yana tambayar me ya ƙirƙiro wanda ba a taɓa yi ba. A gidan Shehu kuwa abin alfahari shi ne a karɓi amana a miƙa ta ba tare da ta zube ba, a sauya mata harshe don ta kai ga wanda ba ta kai gare shi ba. Da Bello ya tattara labaran mata salihai na farkon Musulunci a cikin Kitabun Nasiha, Asma'u ta waƙe su da Fulatanci da Hausa, ta kuma ƙara sunayen matan zamaninta da ta sani a cikin jerin. Ita kanta tafinta ce, kuma mai rubuta tarjamar mata, tun kafin a zo tarjama ta.

Suna na uku shi ya fi daɗi a kunnen zamani, kuma shi ya fi nisa da ita. Mace guda, jihadin mace guda: hoto ne na jaruma ita kaɗai a fage. Marubutan sun yi nufin alheri, suna son mai karatu a Amurka ya gane cewa jihadi ya haɗa da yaƙi da jahilci, kuma cikin littafin sun ba sauran matan haƙƙinsu. Amma kalmar da Asma'u ta bar mana jam'i ce: 'Yan Taru. A duba yadda abin yake, kamar yadda Boyd ta tattaro daga bakin waɗanda suka gada. Dattijuwa mai hankali da riƙon amana, Asma'u ta zaɓe ta, ta ɗora mata malfa a ka, ta naɗe malfar da jan ƙyalle, daga ranar ta zama jaji, sunan da ake ba mai jan ayari. In lokacin tafiya ya yi, jaji ta tara tsofaffin da suka gama haihuwa da 'yan matan da ba su isa aure ba, su kamo hanya a ƙasa daga ƙauyensu, ɗauke da ɗan zuma da hatsi da man shanu na sadaka, suna tafe suna rera waƙa. Su zauna gaban malama su hardace baitoci a kan alwala da salla da tsoron lahira da zaman lafiya da maƙwabta, sannan su koma su shiga gida gida su juye wa matan auren da ba su sami fita ba. Bayan rasuwarta 'yar'uwarta Maryam ta riƙe ragamar, tsarin ya wuce zamanin Turawa, har ya tsallaka teku zuwa ga wasu Musulmi baƙar fata a Amurka. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma wadda ta raɗa wa aikinta suna daga kalmar taruwa ta fi kowa sanin haka.

Daga nan ne babbar muhawarar masu sharhi ta taso, wadda Chukwuma Azuonye ya sa a kan maƙalarsa ta 2006 a matsayin tambaya: shin Asma'u feminist ce, wato mai fafutikar haƙƙin mata, ko kuwa mace ce kawai da ta yi aikinta a cikin iyakar da aka shata wa mata? Masu cewa e suna nuna ilimin da ta kai wa matan karkara da ikon da ta riƙe a bainar jama'a. Masu cewa a'a suna nuna cewa ba ta taɓa ƙalubalantar tsarin aure da shugabancin maza na shari'a ba, hasali ma waƙoƙinta suna ƙarfafa shi. Kowane ɓangare ya riƙe gaskiya, sai dai tambayar ce aka ɗinka da awon wani. Kalmar ta fito ne daga tarihin Turai da Amurka, inda mata suka yi fafutikar ƙwato haƙƙi daga hannun doka da coci. Asma'u ba ta ɗauki ilimin mata a matsayin haƙƙin da za a ƙwata daga addini ba, wajibi ta ɗauke shi da addini ya ɗora, wanda al'ada da sakacin maza suka tauye. Wanda ya kira ta da waccan kalma don ya girmama ta, ya sa ta faɗi abin da ba ta faɗa ba. Wanda kuma ya hana ta kalmar don ya ce ba ta yi wa mata wani abin kirki ba, sai ya faɗa mana wace ce a ƙarni na sha tara, a ko'ina a Afirka ta Yamma, ta kafa wa matan ƙauye makaranta mai tafiya da ƙafa wadda ta rayu fiye da shekara ɗari da hamsin. Hausa tana da kalmar da ta ishe ta, wato malama, Fulatanci yana da modibbo, kuma aikin tafinta shi ne ya koya wa baƙo nauyin waɗannan kalmomi, ko da zai ɗauke shi shafi goma.

Akwai kuma mai cewa littafin Boyd yabo ne tsantsa, ba a ga aibin Asma'u ko guda ba, ba a ga fushinta ko shakkarta ba, kai ka ce manaƙibi ne irin wanda mijinta Giɗaɗo ya rubuta a kan karamomin Shehu a cikin Raudul Jinan. Gaskiya ne Boyd ta ƙaunaci wadda take rubutu a kanta, kuma ƙaunar ba ta ɓuya ba. Amma sai a tambaya, daga ina za a samo aibin? Asma'u ba ta bar littafin sirrin zuci ba, waɗanda suka adana labarinta kuwa zuriyarta ne da almajiranta. Marubucin da ya ƙago mata rauni don littafi ya yi armashi, ya fi mai yabo cin amana. Abin da ya fi wannan amfani shi ne a lura da yadda ita kanta take rubuta rayuwar mutane. A marsiyyoyinta ba ta cika damuwa da jerin abubuwan da mutum ya yi ba, halinsa take bi. Da ta waƙe Bello, wanda ya jagoranci yaƙe-yaƙe masu yawa, ta fi tsayawa kan iliminsa da adalcinsa da kyautarsa. Ta yi wa maƙwabciyarta Halima marsiyya, mace da ba ta da sarauta, saboda kirkinta da kyautata wa dangi. Ta yi wa jajinta Hauwa'u, wadda ta yi ta jan mata zuwa karatu har ƙarfinta ya ƙare. A wurin Asma'u, amfanin labarin mamaci shi ne ya zama abin koyi ga mai rai. Tarihin da ya karkata ga kyawawan halayenta, ko ba komai, ya yi magana da ita a cikin salon da ta sani.

Sukar da ta fi nauyi dabam take, kuma ba a kawar da ita da dabarar magana. Su wane ne matan da aka kai wa waƙoƙin nan na Hausa? Da yawansu matan ƙasar da aka ci da yaƙi ne, wasu kuma kamammu ne da aka raba da garuruwansu aka zaunar a gidaje da gandayen masu nasara. Wanda ya bi gulbin Rima daga Wurno ya haura Goronyo ya nufi Sabon Birni, yana tafiya ne a kan hanyar da rundunoni suka bi ta gaba da baya na shekaru masu yawa. Da Heinrich Barth ya sauka Wurno a 1853, ya tarar har lokacin garin yana zaman ɗar-ɗar saboda hare-haren Gobirawa. Yaƙin Gawakuke na 1836, wanda Asma'u ta waƙe a matsayin nasara daga Allah, rana ce ta makoki a Gobir da Maraɗi, domin sarakunansu sun kwanta a fagen. Malfar da aka ɗora wa jaji, irin wadda Inna take sawa ce, kuma maganin Annabi da Asma'u ta tattara a rubuce ya zo ne ya maye gurbin abin da mata suke nema a wurin bori. Mai kallo daga Wurno zai ce hikima ce ta jawo mutane da abin da suka saba. Mai kallo daga Tsibiri yana iya cewa an karɓe alamar ne bayan an karɓe ƙasar. Littattafan Boyd da Mack sun ambaci waɗannan abubuwa, amma daga cikin gidan Waziri suke leƙo su, domin nan ne gafakar take. Matan da aka kama ba su bar gafaka ba. Wannan gibi ba ya rage gaskiyar cewa ilimin da aka ba su ya zama nasu, har jikokinsu suka riƙe shi da hannu biyu, amma tarihin da ya cika sai ya saurari kirarin Gobir da labaran bakin tsofaffinta kamar yadda ya saurari ramzi.

Saura mai cewa, don me sai Baturiya? Amsa ta farko ita ce Boyd ba daga sama ta faɗo ba. Waziri Junaidu ne ya buɗe mata gafakar, malaman Sakkwato masu Fulatanci da Larabci suka zauna da ita kan matani, ta kuma yi aiki da Alhaji Shehu Shagari a kan wani littafi game da shugabancin Shehu tun 1978. In za a bi ƙa'idar malaman zaure, tana da silsila. Amsa ta biyu ita ce 'yan gida ba su yi barci ba: a shekarar 1978 ɗin nan Bello Sa'id ya gabatar da kundinsa a Jami'ar Bayero kan gudummawar masu jihadi ga adabin Hausa, daga baya kuma Sa'adiya Omar ta Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ta yi rubutu da Hausa a kan 'Yan Taru da kuma Modibbo Kilo, ɗaya daga cikin malamai matan da suka gaji wannan hanya a ƙarni na ashirin. Bambancin shi ne wanda ya rubuta da Ingilishi a Landan ko Mishigan duniya tana jin sa, tana ba shi lamba, wanda ya rubuta da Hausa kuwa sau da yawa aikinsa yana kwance a ɗakin karatun jami'a. Garin Rabah ma shaida ne: ɗansa Sardauna Ahmadu Bello, jinin Sarkin Musulmi Bello, labarin rayuwarsa na 1962 da babban tarihin da John Paden ya yi masa a 1986 dukansu da Ingilishi suka fara fitowa. Laifin ba na tafintan da ya kai labarinmu waje ba ne. Abin dubawa shi ne yadda muka saba jiran a yaba wa namu a waje kafin mu waiwaye shi.

In aka dawo kan mudun da aka fara da shi, hukuncin a fili yake. Boyd ta isar da saƙo da gaskiya gwargwadon abin da ya zo hannunta, kuma ita da Mack sun bar ƙofar asali a buɗe, don haka yabon da suka samu halaliyarsu ne. Kurakuran da suka rage suna kan bango ne da kuma inda gafaka ta yi shiru, kuma kayan gyaran suna cikin abin da su da kansu suka buga. Amma Asma'u ta koyar da wata ƙa'ida game da alƙiblar tarjama. Ita kullum daga harshen 'yan kaɗan take ɗauko ilimi ta kai shi harshen masu yawa, daga Larabcin malamai zuwa Fulatancin gida, daga Fulatanci zuwa Hausar da matar ƙauye take ji tana daka. Tarjamar da aka yi mata a 1989 ta bi kishiyar wannan hanya, kuma ta yi amfani, domin ta sa duniya ta san da ita. Abin da ya rage shi ne tarjamar dawowa: cikakken tarihinta da Hausa mai sauƙi, tare da waƙoƙinta a boko da ajami, a farashin da malamar Islamiyya a Goronyo za ta iya saya, a kuma naɗe su da murya don wadda ba ta karatu, tunda da kunne aka fara karɓar su. A irin wannan littafi babu bukatar a zaɓi tsakanin ƙanwa da 'ya da mace guda, domin masu karanta shi sun san mutum yana iya zama duka a lokaci ɗaya, kuma sun san sunan da ya haɗe su. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, masu wannan waƙa kuwa su ne jikokin matan da suka taka ƙasa daga ƙauyukan Sakkwato da gulbin Rima, da zuma a ƙwarya, suna bin jaji mai jar malfa.